Murjajjen dankalin mutum 40: abin da ya faru da tukwanen lantarki uku a Ranar Godiya

Gidan yayata da ke bayan birnin Baltimore, a jihar Maryland, shi ne matattarar mutanenmu duk Alhamis ta huɗu a watan Nuwamba. Ranar ce Amurkawa ke kira Thanksgiving, wato Ranar Godiya, wadda majalisar ƙasar ta tsayar a wannan Alhamis tun 1941. Ba makaranta, ba ofis. Ɗalibai 'yan gida da ba su da wurin zuwa, da ma'aikatan asibiti da aka ba hutu, da maƙwabta biyu-uku, duk can suke nufa. A 2023 mun haura talatin. A 2024 da Yaya ta ƙirga waɗanda suka amsa gayyata, manya da yara, sai ga mutum 40 cif.

Gasa talo-talo ba ya ba ta wahala, dafa-duka kuwa ko daga barci ta tashi za ta yi ta. Abin da ya taɓa kunyata ta shi ne wanda kowa ke ɗauka wasa ne: dankalin turawa da ake dafawa a murje shi da bota da madara, a ci da romon talo-talo. Yaran da aka haifa a nan ba sa ganin ranar ta cika in babu shi a faranti. Wahalarsa ɗaya ce. Abinci ne da ya fi daɗi a lokacin da aka gama shi, ga shi kuma wannan lokacin ne murhu mai baki huɗu yake cike, obin yana hannun talo-talo, baƙi na sallama, yara na neman takalma. Shi ya sa matan ƙasar nan da yawa suke yin sa tun da wuri su zuba a tukunyar lantarkin nan mai dafa abinci sannu a hankali, wadda aka fi sani da Crock-Pot. Ni ina aiki ne a kicin ɗin wani gidan kula da tsofaffi, inda ba a fitar da abinci sai an soka masa ma'aunin zafi an rubuta a takarda, don haka da ido irin na wurin aiki nake kallon abin da ya faru a shekarun nan biyu.

Abin da ya lalace a 2023

Daren Laraba Yaya ta dafa dankali laba 20, kusan kilo 9. Da ya nuna ta zuba wani kaso a bilanda don ta huta da gudaji, sauran kuma ta sa muciya ta tuƙa shi kamar yadda mahaifiyarmu ta koya mana tuƙin tuwo. Ta juye duka a babbar tukunya mai zurfi, ta rufe, ta tura firji. Da safe wajen ƙarfe goma ta kwashe shi da sanyinsa ta cika tukwanen lantarki biyu har baki, ta murɗa makunni zuwa wurin riƙe ɗumi, ta koma kan sauran girki.

Ƙarfe biyu aka buɗe. Gefe ya yi ƙanzo har ya soma baƙi, saman ya kwanta da ruwa, da na tura cokali tsakiya na ɗebo na taɓa a bayan hannuna sai na ji ɗumin da bai wuce na ruwan wankan jariri ba. Da aka ɗaga cokalin kuma sai dankalin ya biyo shi yana ja kamar ƙaro.

Na ja ta gefe na ce, "Yaya, wannan ba zai fita ba."

Ta ce, "Ke, a mayar da shi wuta mana. Abincin mutum talatin za ki ce a zubar?"

Mun zubar. Har yau ina tuna yadda ta juya baya tana share ido da bakin mayafi, domin a gidan da muka tashi ko ƙwayar shinkafa ta faɗi sai an tsince ta. Amma awa huɗu ya yi a ɗumin da ƙwayoyin cuta suka fi so, kuma cikin baƙin akwai mai ciki da wata tsohuwar maƙwabciya da yaran gidan ke kira Kaka.

Kurakurai biyu ne suka haɗu, kuma ba su da alaƙa da juna. Na farko na hannu ne. Dankali cike yake da sitaci, wanda ke kulle cikin 'yan mitsi-mitsin ɗakuna. In ya dahu sitacin ya kumbura, amma muddin ɗakunan ba su fashe ba, murjajjen dankali zai yi sakayau a baki. Wuƙar bilanda da tuƙin muciya suna farfasa su, sitaci ya malalo, ya zama danƙo. A sakwara wannan danƙon ake nema, don shi ake kirɓa doya har kafaɗa ta yi tsami. A nan kuwa shi ne aibi. Gwanintar da Yaya ta taso da ita ce ta cuce ta, kuma na lura kusan duk matanmu da suka gwada abincin nan karon farko a nan suke tuntuɓe.

Na biyu shi ne mai haɗari. Tukunyar sannu-sannu ba a yi ta don ɗumama abinci mai sanyi ba. Wanda ya ƙirƙiro ta, Irving Naxon, ya samu takardar mallakar fasaharsa a 1940, kuma tunanin ya samo asali ne daga labarin da ya ji a gida na wani fate na wake da Yahudawan Lituwaniya ke kaiwa gidan burodi ranar Juma'a, ya kwana yana dahuwa a ragowar zafin tanda har Asabar. Kamfanin Rival ya saye sana'ar a 1970, ya fito da ita da sunan Crock-Pot a 1971. Wato tun asali abinci mai ruwa-ruwa aka nufa da ita, irin wanda ruwa ke zagayawa ya kai zafi ko'ina. Murjajjen dankali ba ya zagayawa. Zafi daga bangon tukunya yake shigowa, yana rarrafe, gefe ya ƙone tun tsakiya ba ta san an kunna wuta ba.

Tsakanin digiri 4 da digiri 60 a ma'aunin Salshiyos, wato 40 zuwa 140 a ma'aunin da Amurkawa ke amfani da shi, nan ne ƙwayoyin cuta ke hayayyafa, kuma ƙa'idar Ma'aikatar Noma ta Amurka ita ce kada dafaffen abinci ya wuce awa biyu a wannan tsakanin. Ita ma'aikatar ta fito fili ta ce kada a ɗumama ragowar abinci a irin wannan tukunya. Mutane kan ce ai an riga an dafa shi, me ya rage? Akwai abin da ya rage. Wasu ƙwayoyin, irin su Bacillus cereus da ke son shinkafa da dankali da madara, da Clostridium perfringens da ke son abincin taro, suna shiga wani ɓawo mai tauri da tafasa ba ta kashewa. Dahuwa ta share musu abokan takara, sai su jira abinci ya huce su farka. Ta farkon tana iya barin dafin da ko an sake tafasa abincin ba ya mutuwa, kuma dalilin da ya sa na ƙi shawarar Yaya ta mayar da shi wuta ke nan. Ta biyun kuwa hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasar ta ƙiyasta tana kwantar da kusan mutum miliyan ɗaya a shekara, kuma an fi samun ɓarkewarta a Nuwamba da Disamba, watannin manyan tukwane.

Da na rasa yadda zan fahimtar da ita daga baya, sai na tambaye ta ko ta taɓa ganin an yi ɗumamen tuwo a kan toka mai ɗumi. Ta yi shiru, sannan ta ce a'a, wuta sosai ake hura masa har tururi ya ratsa shi. Daga nan muka daina gardama.

Shirin 2024

Hanyoyi uku muka auna. Ana iya yanka ɗanyen dankali a zuba a tukunyar da ɗan ruwa da sassafe, ya dahu kamar awa huɗu a babban zafi, a murje shi a ciki. Ba laifi a wajen lafiya, sai dai murjewar za ta faɗo daidai lokacin da hannu ya fi tsada, kuma launinsa kan dusashe. Ana iya dafawa a murhu da safe a murje, a juye da zafinsa cikin tukunyar ta riƙe shi. Wannan ta fi kowace daɗi a baki, kuma da mutum goma za a ciyar ita zan zaɓa ba tare da dogon tunani ba. Amma safiyar Alhamis murhun Yaya ba shi da bakin da zai ba da aro na awa ɗaya da rabi. Sai ta uku: a gama komai daren Laraba, a sanyaya shi yadda ya dace, a ɗumama shi da wuta ta gaske ranar Alhamis, sannan a miƙa wa tukunyar aikin da ta iya, wato riƙe zafin da aka ba ta. Ita muka ɗauka, kuma aka yi aikin a gidana, tafiyar minti 25 a mota, domin obin ɗina da firjina ba su da wani aiki ranar.

Lissafin da aka saba shi ne rabin laba ga kowane mutum, wato laba 20 ga mutum 40. Na rage zuwa 15, kusan kilo 7, saboda na san mutanenmu: in ga dafa-duka ga dankali, manya shinkafa za su fi ɗiba. Buhunan kanti laba biyar-biyar ne, kuma tukunya mai cin kusan lita 6 tana ɗaukar murjajjen buhu ɗaya ta bar sarari a sama. Tukwane uku ke nan. Ɗaya tawa, ɗaya ta Yaya, ɗaya ta aro daga wajen Kaka.

Na haɗa iri biyu. Russet, mai kaurin ɓawo ruwan ƙasa da jihar Idaho ta shahara da shi, yana da yawan sitaci, yana fashewa ya yi gari-gari, yana kuma shan bota. Yukon Gold, wanda aka samar a Jami'ar Guelph ta Kanada aka fitar da shi a 1980, cikinsa rawaya ne, ya fi riƙe jikinsa da danshi. Buhu biyu na farkon, ɗaya na biyun. Russet zalla kan bushe in ya kwana, shi ya sa nake sirka shi.

Bayan sallar isha'i ranar Laraba, 27 ga wata, muka zauna fira ni da Yaya da babbar 'yarta. Muka yanka shi daidai wa daida, muka ɗora a ruwan sanyi mai gishiri. In aka jefa dankali a tafasasshen ruwa, bayansa zai narke cikinsa na nan da tauri, kuma daga nan gudaji ke samo asali. Bayan ya tafaso ya yi kamar minti 20, wuƙa na shiga ba turjiya. Muka tsane shi a kwando, muka mayar da shi busasshiyar tukunya a kan ƙaramar wuta na minti biyu don ragowar ruwan ya fita da tururi. Wannan ɗan matakin mutane ke tsallakewa, alhali duk ruwan da aka bari a ciki shi ne zai tsattsafo gobe ya kwanta a sama.

Maimakon bilanda mun yi amfani da wani matsi na hannu mai ƙananan huji, a sa dankali a danna ya fito siri-siri kamar taliya. Sau ɗaya kowane yanki ke bi ta ciki, shi ke nan. Ga kowane buhu na sa bota gram 170, da cuku mai laushi irin na shafa wa burodi gram 226, wato ƙunshi ɗaya, da madara mai ɗumi kofi ɗaya. Bota ake fara sawa, ta lulluɓe sitacin da maiƙo kafin madara ta iso gare shi. Cukun shi ne sirrin kwanan dankali: sitaci in ya huce yana ƙanƙancewa ya tofar da ruwa, kamar yadda tuwon jiya ke tauri, maiƙo mai yawa kuma yana rage wannan. Gaskiya yana sa shi nauyi da ɗan tsami-tsami, ba zai yi sakayau kamar na nan take ba. Wannan farashin yin abu tun jiya ne, kuma na yarda na biya.

Ina juyawa da cokali mai faɗi, Yaya na tsaye tana kallo, hannunta na ƙaiƙayi.

Ta ce, "Bai haɗu ba fa. Ba ni na ɗan tuƙa."

Na ce, "Yaya, don Allah ki bar shi haka. In madarar ta ɓace an gama."

Sanyayawar ita ce inda na fi tsanantawa. A wurin aikinmu ƙa'ida ita ce abinci ya sauko daga digiri 57 zuwa 21 cikin awa biyu, sannan zuwa digiri 5 cikin ƙarin awa huɗu. Babbar tukunyar da Yaya ta tura firji bara ba za ta taɓa cika wannan ba, tsakiyarta na iya kaiwa asuba da ɗumi, wato matsalar bara ta faro ne tun kafin a kunna tukunyar lantarki. Mun shimfiɗa dankalin a farantan gashi shida, kaurinsa bai kai santimita 5 ba, muka bar su a buɗe a firji har suka huce, sannan muka rufe.

Ranar Alhamis

Ƙarfe 10:30 na sa farantan a obin mai zafin digiri 175, an yayyafa musu madara, an rufe da takardar alminiyom. A tsakiyar lokaci na juya su sau ɗaya. Wajen minti 50 ma'auni ya nuna 74 a tsakiyar kowane faranti, adadin da ake nema ga duk abincin da aka sake ɗumamawa. Kafin nan na cika tukwanen da ruwan zafi na kunna su, domin kaskon cikinsu mai kauri ne, in yana da sanyi zai zuƙe zafin abincin. Na zubar da ruwan, na goge, na shafe cikin da bota, na tsiyaya madara kaɗan a ƙasa saboda ƙanzo, na juye dankalin. Ƙarƙashin kowane murfi na shimfiɗa tsaftataccen tawul ɗin kicin. Tururi yana taruwa a murfi ya ɗigo, tawul ɗin ke tare shi.

Muka naɗe su da barguna a bayan mota. Da muka isa, 12:05, mafi sanyinsu na kan 68. Kicin ba wuri, sai aka jera su a kan tebur a falo, aka jona su a soket ɗaya, aka sa su a riƙe ɗumi. Ƙarfe 12:30 iyaye suka ɗebar wa ƙananan yara daga tukunyar Kaka, har ta koma rabi. Na auna duka ukun a lokacin, suna sama da 60, na rubuta a takardar da na manna a bango. Mijin Yaya ya tsaya ya karanta ta, ya ce, "Ƙanwata, asibiti kika mayar mana da falo?" Na ce masa bara ce ta koya mana.

Abin da ban yi lissafinsa ba shi ne shayi. Bayan azahar samari suka jona butar lantarki a wani soket na falon, wata baƙuwa kuma ta jona tukunyar shinkafarta a gefe. Layin wutar falon amfiya 15 ne a kan bolt 120, wato wat 1,800 ne iyakarsa, butar kaɗai tana jan 1,500. Makarin wutar, wato makunnin da ke yanke wuta da kansa in an yi wa layi nauyi, ya faɗi. Rana ce, ba fitila a kunne, samarin suka ɗauka butar ce ta lalace suka koma kicin da ita. Ba wanda ya lura sai 1:25 da na zo juyawar awa-awa na ga fitilun tukwanen a mace.

Biyun da ke cike, waɗanda ba a ɗebi komai a cikinsu ba, suna kan 64 da 62. Ta Kaka, mai rabi, mai tsohon murfi da ba ya zama daidai, ta sauko 55. A nan takardar bangon ta yi amfaninta. Da ba ta, da sai dai mu yi ta zato, kuma da zato ni zubarwa zan ce. Amma ga shi a rubuce cewa ƙarfe 12:30 tana sama da 60, saboda haka ko a mafi munin lissafi ba ta kai awa ɗaya a ƙasa ba. Na kwashe ta kashi biyu na sa a maikurowef ina juyawa har kowane kaso ya koma 74, na mayar.

Da mijin Yaya ya ɗaga makarin, sai wani abu ya bayyana. Tukwane biyu masu makunnin murɗawa suka ci gaba da aiki daga inda suka tsaya. Tawa, sabuwa mai allon lambobi wadda na fi taƙama da ita, ta tsaya tana ƙyafta ido, ba ta ɗumama komai sai da na sake saita ta. Da wutar ta ɗauke ta dawo da kanta ba wanda ya sani, da ita ce za ta yaudare mu, ga fitila a kunne ga abinci na hucewa. Don haka duk 'yar'uwar da ta tambaye ni ko ta kai irin tukunyar nan gida Kano ko Zinder, nakan ce ta fara duba abu biyu: ta Amurka ta bolt 120 ce, wutar gida kuwa 220 zuwa 230, za ta ƙone in ba na'urar rage ƙarfi, kuma dabarar gaba ɗaya ta dogara ne da wutar da ba ta yankewa.

Ƙarfe biyu aka zauna. Dankalin ya yi awa biyu da rabi a tukwane, kuma a ganina awa uku zuwa huɗu ce iyakarsa, bayan nan gefe na soma bushewa, ɗanɗanon madarar ya juya. Kafin a kai tebur na ƙara wa kowace tukunya madara mai zafi rabin kofi da ɗan yankin bota a sama. Wanda aka ɗumama sau biyu ya fi sauran nauyi, na ji bambancin a harshena, saboda haka shi na ajiye a ƙarshen layi. Kaka, wadda ta shekara fiye da hamsin tana yin abincin nan, ta ci ta ce gishiri ya ɗan yi kaɗan. Ta yi gaskiya. Abincin da ya kwana yakan so a sake ɗanɗana shi bayan ɗumame, ni kuma hankalina ya tafi ga ma'auni na manta da cokali.

Laba 15 ta isa har ta yi saura kamar kwano biyu. Ragowar tukunyar Kaka ban bari an ajiye ba, tunda ta riga ta sha wuta sau uku. Na sauran biyun muka kwashe a ƙananan robobi muka sa firji kafin la'asar ta fita. Washegari da safe Yaya ta yanka albasa da attaruhu ta zuba a ciki, ta fasa ƙwai biyu, ta mulmula shi ta soya a kasko har ya yi ja. Yara suka ci da shayi, mijinta kuma ya ɗauko farin tef ya manna a kan soket biyu na falon, ya rubuta da biro: ban da buta.